Me Ya Haɗa Kwantsa, Mura da Ciwon Gaɓɓai? Asalin Kalmar Rheum

"Likita, barka da aiki. Ni ɗaliba ce a makarantar koyon aikin jinya. Ina karanta wani tsohon littafin Turanci sai na ga an ce idon wani dattijo yana zubar da rheum. Ƙamus ya ce ruwa-ruwan da ke fita daga ido ko hanci ne. To amma a aji an koya mana rheumatism, aka ce ciwon gaɓɓai ne. Ga kuma wata ƙawata 'yar Maraɗi da ta yi karatu da Faransanci, ta rantse cewa a wurinsu rhume mura ce. Shin kalma ɗaya ce ko kama ce kawai? Daga ina ta fito, kuma har yanzu ana aiki da ita a asibiti?"

'Yata, ƙawarki ba ta yi rantsuwar banza ba, ƙamus ɗinki bai yaudare ki ba, malaminku na aji ma daidai ya faɗa. Kalmomin nan uku uwarsu ɗaya ubansu ɗaya. Abin da ke ɗaure miki kai shi ne yadda suna guda zai hau kan kwantsar ido, ya hau kan mura, ya kuma hau kan ciwon gwiwa, alhali mai jinya ta yau ba ta ga abin da ya haɗa su ba. To akwai zamanin da likitoci suka ɗauka duk cuta ɗaya ce, wurin saukarta ne kawai ya bambanta, kuma wannan zamani ya kai kusan shekara 2,000. Ni aikina duba ido ne, amma ina koyar da ɗalibai irinku sunayen cututtuka, kuma wannan suna yana cikin waɗanda nake jin daɗin tsayawa a kansu, domin tarihin likitanci guda ne kwance a cikinsa.

Kalmar kanta

Mu fara da furuci. Bature "rum" yake cewa, da jan wasali, daidai da yadda yake furta kalmarsa ta ɗaki. Ba a jin harafin h. Ma'anarta a Turanci ita ce ruwa marar kauri da ke tsattsafowa daga ido, hanci ko baki: hawayen da ke taruwa a idon tsoho ba don kuka ba, majinar farkon mura tun ba ta yi kauri ba, yawu, da kwantsar da ake tashi da ita da safe. A wasannin Shakespeare, wajen shekarar 1600, za ki same ta wani wuri da ma'anar hawaye, wani wurin kuma da ma'anar yawun da aka tofa wa mutum a gemu don wulaƙanci. Mugunya ba ta cikin lissafi, ita da nata sunan dabam.

Asalinta Girkanci ne, rheuma, daga aikatau rheo, wato gudana ko kwarara. Idan Girkawa suka liƙa ɗafa-ƙeyar -ma a jikin aikatau, abin da aikin ya haifar suke nufi. Rheuma ke nan "abin da ya kwararo". Da farko ba ruwanta da cuta, gudun ruwan kogi ake kira da ita. Har gobe tana nan a bakin mutanen Girka, suna furta ta "revma", kuma da ita suke kiran wutar lantarki, tunda ita ma gudana take yi. In aka ɗauke wuta a Atina, revma ce aka yanke.

Shi kuwa h ɗin da ba a furtawa, tabon wani sauti ne da ya mutu. Masana harsuna sun bi sawun kalmar zuwa wata tsohuwar saiwa, sreu, ta uwar harsunan Turai da Indiya. A Girkanci, s ɗin da ke farkon kalma kafin r ya yi rauni har ya koma hucin numfashi, shi ne Rumawa suka rubuta da rh lokacin da suka aro kalmomin. A sauran 'yan'uwan harshe s ɗin bai faɗi ba: Sanskirit na Indiya yana da sravati, "yana gudana", Turanci yana da stream, rafi, Jamusanci yana da Strom, wanda shi ma kogi ne kuma wutar lantarki ce.

Likitocin Latin suka aro ta yadda take. Tsohon Faransanci ya tauna ta ta koma reume, daga nan ta shiga Turanci a ƙarshen ƙarni na 14, ba h a jikinta. Sai daga baya, da malaman Turai suka koma karatun Girkanci gadan-gadan, suka mayar mata da h ɗin a rubuce don asalinta ya fito, amma bakin mutane bai bi su ba.

Gargaɗi ɗaya idan kin shiga intanet: za ki ga Rheum da babban baƙi a matsayin sunan wani tsiro, wanda Larabawa ke kira rawand, ana shan saiwarsa don wankin ciki. Hanyar wannan sunan dabam ce. Kama da wane ba wane ba ne.

Ruwan da ke saukowa daga ka

Nan ne gundarin maganar. A tarin littattafan da ake jingina wa Hippokratis, likitan tsibirin Kos da aka haifa wajen shekara ta 460 kafin haihuwar Annabi Isa, wanda littattafan Larabci ke kira Abuƙraɗ, an gina lafiya a kan daidaiton ruwaye huɗu: jini, balgam, ruwan maɗaciya, da wani baƙin ruwa da suka danganta da saifa. Duk wanda ya zauna gaban malamin ɗibbu ya ji su da sunayensu na Larabci: dam, balgam, safra'u, sauda'u. Kowanne da ɗabi'arsa. Jini zafi da danshi, safra'u zafi da bushewa, sauda'u sanyi da bushewa, balgam kuma sanyi da danshi, shi ya sa suka ce da hunturu yake yawaita. Ita kanta kalmar balgam aro ce daga phlegma ta Girkanci.

A ganinsu gidan balgam ƙwaƙwalwa ce. Abinci yana dahuwa a ciki, tururinsa yana tashi sama, ya tarar da ƙwaƙwalwa mai sanyi, sai ya koma ruwa ya sauko. Aristotal ya kwatanta abin da yadda tururi ke tashi daga ƙasa ya dawo ruwan sama. Ke dai tuna murfin tukunya idan kin ɗaga shi tuwo na kan wuta, yadda ruwa ke ɗiga daga cikinsa. Wannan ɗigowar ita ce rheuma a bakin likita. Idan kaɗan ce, jiki ne ke share kansa. Idan sanyi ya matse kai, ko zafi ya narkar da abin da ke ciki, sai ta yi yawa, ta nemi hanya, duk inda ta sauka kuma ciwo ya tashi. Ɗaya daga cikin littattafan nan ya ƙirga hanyoyi bakwai da ruwan ke bi daga kai, cikinsu har da hanci, kunne, ido, ƙirji, ɓargon gadon baya da kwatangwalo. Kin ga ke nan tun daga tushe, zubar hanci da ciwon ƙugu 'yan ɗaki ɗaya ne. Farfaɗiya ma sun ce balgam ne ya sauko ya toshe hanyoyin iska. Kuskure ne, amma a zamanin da jama'a ke cewa gumaka ne ke kayar da mai farfaɗiya, wanda ya ce a nemi dalilin a cikin ƙwaƙwalwa ya cancanci a jinjina masa.

Galen, Jalinusu a littattafan malamanmu, wanda aka haifa a Fargamon a shekara ta 129, shi ne ya ba wa ra'ayin ƙashi da tsoka. Ya yi fiɗar dabbobi da yawa, birai da aladu da shanu, ya ga wani ƙashi a rufin hanci cike da 'yan ƙananan huji. Sunan ƙashin har yau ethmoid, ma'anarsa "mai kama da rariya". Ya kuma ga wani ɗan ƙullutu kamar ƙwayar wake rataye a ƙarƙashin ƙwaƙwalwa, da ɗan mazurari a samansa. Mai hankali da ya riga ya yarda ƙwaƙwalwa na zubar da ruwa, in ya ga mazurari da rariya, me kike so ya ce? Ya ce ga magudanar nan. Ƙullutun nan shi ne pituitary da kuke haddacewa a aji, kuma pituita a Latin majina ce. Yau mun san sinadaran da yake fitarwa su ke jan ragamar girma da haila da ruwan nono, amma har yanzu sunan majina yake amsawa. Vesaliyus, wanda ya gyara kurakuran Galen masu yawa a babban littafinsa na 1543, wannan kam ya bar shi yadda ya same shi.

Da ilmin ya koma Larabci a Bagadaza, ta hannun mafassara irin su Hunainu ɗan Is'haƙ da ya rasu a 873, ba su aro kalmar ba, fassara ta suka yi: nazla, daga nazala, sauka. Ibn Sina a cikin Alƙanun ya kawo bambancin da likitoci ke yi, cewa abin da ya sauko ta hanci zukam ne, wanda ya gangara maƙogwaro da ƙirji kuma nazla. Makarantar likitanci ta Salerno a Italiya tana da baitin Latin da ɗalibai ke haddacewa a kan rabon nan: in rheuma ta gangara ƙirji sunanta catarrhus, in maƙogwaro branchus, in hanci coryza. Ita catarrh da kowane ɗan boko a Najeriya ke faɗa idan mura ta kama shi, kalmar Girkanci kata ce, wato "zuwa ƙasa", aka haɗa da rheo. Duk wanda ya ce yana da kata, ba tare da ya sani ba cewa yake yi ruwa na sauko masa daga ƙwaƙwalwa.

Fagena ma bai tsira ba. Yanar ido, likitocin Larabawa nuzulul ma'i suka kira ta, saukar ruwa cikin ido, kuma masana tarihin likitanci na ganin wannan ne aka mayar Latin da cataracta, wato ruwa mai faɗowa daga tudu. Babu ruwan da ke sauka. Madubin cikin ido ne ke dushewa da shekaru. Haka ciwon nan mai kama babban ɗan yatsan ƙafa cikin dare, gout, daga gutta ta Latin ne, wato ɗigo, wai mugun ruwa ne ke ɗiga cikin gaɓa. Wannan tsarin tunani ya iso ƙasar Hausa ta littattafan ɗibbu na Larabci, kuma malaman Sakkwato sun yi rubutu a fannin. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello yana da rubuce-rubuce kan magani, har da na basir. Sunan basir ɗin a Turanci, haemorrhoid, shi ma ɗan gidan ne: jini da kwarara. Haka diarrhoea, abin da ya kwarara ya wuce, wato zawo.

Yadda ta koma gaɓɓai

Girkawa suna da rheumatismos tun da can, amma ma'anarta fama da kwararar ruwa ko'ina a jiki. Wanda ya ɗaure ta a kan ciwon gaɓɓai shi ne wani likitan Faris, Giyom de Bayu, wanda ya rasu a 1616, aka buga littafinsa kan wannan ciwo a 1642. Ya bambanta shi da gout, ya siffanta shi da zazzaɓi da raɗaɗi mai yawo a jiki.

Ki riƙe kalmar yawo, domin ita ce ta sa ra'ayin ya daɗe. Akwai ciwon da yau gwiwar dama ce ta kumbura ta yi zafi, jibi ta sace, idon sawun hagu ya ɗauka, gata kuma gwiwar hannu. Likitan da ba shi da madubin ganin ƙwayoyin cuta, ba shi da gwajin jini, yana kallon kumburi na tashi daga nan yana sauka can, in ya ce ruwa ne ke gudana a jikin ba a ce masa mahaukaci ba. In ya huda gwiwar ma ruwa zai gani. Ni ina ganin mutanen nan sun fi mu kallon marar lafiya. Idonsu bai yi ƙarya ba, bayanin ne ya kauce.

Daga nan aka yi ta yanka gonar. A 1859 Alfred Garrod na Landan ya yaɗa sunan rheumatoid arthritis don ciwon da ke lanƙwasa yatsu a hankali, ma'anar sunan "mai kama da rheumatism". Fannin likitocin gaɓɓai gaba ɗaya ya ɗauki sunan, ko da yake ba ɗaya daga cikinsu da ya yarda da ruwa mai saukowa daga ka. Harsunan Turai kuma kowanne ya riƙe ɓangaren da ya riƙe. Faransanci ya tsaya a hanci, shi ya sa a Yamai da Damagaram da Maraɗi rhume mura ce, har ma tsofaffin Faransawa kan ce rhume de cerveau, murar ƙwaƙwalwa. Bajamushe in ya ce Rheuma, gaɓɓansa ne ke ciwo. Turanci ya bar guntuwar kalmar a ido, ta tsufa a can, yanzu sai a littattafan hikaya idan ana siffanta idon tsoho ko na tsohon kare.

Wanda ya rushe ginin

Konrad Shinaida, malamin likitanci a Wittenbag ta Jamus, shi ne ya fara fitar da littattafansa kan mura a 1660. Ya nuna cewa hujin ƙashin nan mai kama da rariya ba a buɗe suke ba a jikin mai rai. Zaren jijiyoyin jin ƙamshi ne ke bi ta cikinsu, fatar da ke lulluɓe ƙwaƙwalwa kuma ta rufe su ruf. A busasshen ƙoƙon kai ne kawai suke zama rariya. Majina kuwa, shimfiɗar da ke cikin hanci ce ke yin ta nan take, kuma har yau ana kiran wannan shimfiɗa da sunansa. Bayan kimanin shekara goma Richad Lowa a Ingila ya ƙara tabbatar da haka. Ra'ayin ya mutu, sunayen suka ƙi bin sa kabari.

Sai dai akwai hali ɗaya da maganar Galen ke zama gaskiya, kuma ina so ki san shi fiye da duk tarihin da na kawo. Idan mutum ya faɗi daga babur ko mota ta buge shi, ƙashin gindin kai ya tsage ta wajen rariyar nan, ruwan da ƙwaƙwalwa ke iyo a ciki yana iya ɗigowa ta hanci. Fari ne tas kamar ruwan sha, ba ya yauƙi, galibi ta ƙofar hanci ɗaya, yana ƙaruwa idan mutum ya sunkuya, wani ya ce yana jin gishiri-gishiri a maƙogwaro. 'Yan'uwa kan ce mura ce ta kama shi bayan haɗarin. Ba mura ba ce. Hanya ce ta buɗe tsakanin hanci da ƙwaƙwalwa, kuma sanƙarau na iya bi ta nan. Kada a toshe hancin da auduga, kada ya fyace, kada a zura masa robar abinci ta hanci, a kira likita.

Abin da kwantsa take a zahiri

Hawaye ba ruwa zalla ba ne. Akwai ruwan, akwai ɗan yauƙi da farar fatar ido ke fitarwa don ruwan ya kama, akwai kuma maiƙo daga wasu ƙananan jakunkuna da ke jere a bakin fatar ido, waɗanda Hainrik Maibom ya siffanta a 1666, aikinsu hana hawaye bushewa da wuri. Da rana ƙiftawa tana share wannan haɗin zuwa wata 'yar hanya da ke kusurwar ido ta gangara hanci, dalilin da ya sa mai kuka ke jan majina ke nan. Da dare ba ƙiftawa, sai yauƙin da maiƙon da ƙura da matattun ƙwayoyin fata su taru a kusurwa su bushe. Wannan ita ce kwantsar lafiya, wanke fuska ya ishe ta. Da hunturu takan ƙaru saboda ƙura. Idon tsoho kuma yana ruwa ne sau da yawa don fatar ido ta saki, ko hanyar nan ta toshe, ko kuma, abin mamaki, don idon ya bushe har yana ƙaiƙayi yana jawo hawaye.

A ɗakin duba marasa lafiya, abin da nake tambaya shi ne irin ruwan. Mai tsinkewa kamar hawaye, da jan ido, an kuma ce duk gidan sun kamu, yawanci bairos ne. Shi ne Apolo, wanda ya ɓulla a Ghana a 1969, shekarar da kumbon Apollo 11 ya sauka a wata, mutane suka laƙaba masa sunan. Yakan tafi da kansa cikin mako ɗaya ko biyu, abin da ake bukata tsabta ce da raba tawul. Mai yauƙi kamar zare, da ƙaiƙayi mai tsanani a ido biyu, a yaron da idonsa ya riga ya rine, wannan borin jiki ne ga ƙura ko furen tsirrai. Mai kauri, ruwan ɗorawa ko kore, wanda ke manne ido da safe ya dawo bayan an goge, ya tashi daga kwantsa ya zama mugunya.

Mafi yawan idanun da na ga sun lalace a irin wannan ciwo, ba ciwon ne ya lalata su ba, abin da aka ɗiga ne. Na ga an sa fitsari, an sa ruwan sukari, an sa ruwan batir. Na ga kuma wanda ya sayi maganin ɗigawa mai sitiroid a kemis ya yi watanni yana sawa don yana kwantar da ja, har ya jawo wa kansa gilakoma, abin da mutane ke kira hawan jinin ido. Duk jan idon da ya zo da raɗaɗi mai tsanani, ko gudun haske, ko raguwar gani, ko farin tabo a kan baƙin ido, ya wuce maganin gida.

Ki fi sa ido a kan jarirai. Jaririn da idonsa ke ruwa da 'yar kwantsa amma farin idon fari ne, fatar ba kumburi, galibi hanyar hawayensa ce ba ta gama buɗewa ba, kuma mafi yawansu suna warwarewa kafin shekara. Amma wanda a makon farko fatar idonsa ta kumbura suntum, mugunya na ɓulɓulowa in an buɗe, wannan na gaggawa ne, domin ƙwayar ciwon sanyi da ya ɗauka wajen haihuwa na iya huda baƙin ido cikin 'yan kwanaki. Albat Naisa ne ya gano ƙwayar a 1879, kuma a 1881 Karl Krede na Laifzig ya bayyana yadda ɗiga magani a idon kowane jariri da zarar an haife shi ya kusan kawar da wannan makanta a asibitinsa. Man idon da ake shafa wa jarirai a ɗakin haihuwa yau jikan wannan dabara ne, kada ki raina shi. Sunan ciwon a Turanci, gonorrhoea, shi ma daga rheo yake: "kwararar iri", don na da sun zaci maniyyi ne ke zuba, alhali mugunya ce.

Ko za ki yi aiki da ita?

A'a. Ki san ta don karatu, amma kada ki rubuta ta a katin marar lafiya, ba wanda ke yin haka yanzu. In fassara ake nema, Hausa ba ta da kalma guda da za ta rufe ta, kuma wannan ba gazawa ba ce. Muna da hawaye, kwantsa, majina, kaki, yawu, dalala, kowanne da wurinsa. Abin da ya tara su a ƙarƙashin suna ɗaya a Turai ra'ayi ne game da inda suka fito, ra'ayin kuwa an rushe shi tun 1660. Sai ki duba jimlar: in ido ne da safe kwantsa, in idon dattijon littafinki ne ki ce idonsa na ruwa, in hanci ne majina.

Mu ma fa muna da tamu kalmar mai irin wannan hali, ita ce sanyi. Mura sanyi, ciwon gwiwar tsohuwa sanyin ƙashi, fitar ruwa ga mace sanyi, mugunyar mafitsarar namiji ciwon sanyi, tarin yaro mai jan haƙarƙari sanyi ya shige shi. Ba ina cewa daga Girka muka aro ba. Ko'ina mutane sun lura hanci na zuba, gaɓɓai na tsami idan gari ya yi sanyi, sai suka ɗora laifin a kansa. Matsalar ita ce suna ɗaya yana kiran magani ɗaya, shi ya sa mai talla a tasha ke sayar da jarka guda ta "maganin sanyi" ga cututtuka biyar da ba abin da ya haɗa su. Idan marar lafiya ya ce miki sanyi ke damunsa, kada ki yi masa dariya, kada kuma ki rubuta sanyi. Ki ce ya nuna miki wurin, ki tambayi me ke fita, launinsa, kaurinsa, warinsa, tun yaushe, gefe ɗaya ko biyu. Abin da za ki rubuta ke nan.

Ciwon gaɓɓai ba fagena ba ne, kuma ba a duba ido ko gwiwa ta wasiƙa, don haka abin da na faɗa bai maye gurbin zuwa asibiti ba. Amma akwai ɗa guda a zuriyar kalmar nan da kowace mai jinya ya kamata ta gane, wato zazzaɓin rumatik, mai kumburin nan da ke yawo. Yana kama yara ne galibi tsakanin shekara 5 zuwa 15, mako biyu zuwa uku bayan ciwon maƙogwaro da wata bakteriya mai suna sitireptokokus ta haddasa. Garkuwar jiki ce ke rikicewa, ta bar ƙwayar cutar ta afka wa gaɓɓai da ƙofofin zuciya. Gaɓɓan suna warkewa sarai, zuciyar ce ke riƙe tabo, sai bayan shekaru a ga matashi yana haki, ko mai ciki ta kasa numfashi. A ƙasashe masu arziki ya yi ƙaranci ƙwarai, a namu yana nan, har babban taron Hukumar Lafiya ta Duniya ya zartar da ƙuduri a kansa a 2018. Penisilin a lokacin ciwon maƙogwaron yana hana shi, wanda ya riga ya kamu kuma ana yi masa allurar penisilin duk mako uku ko huɗu na tsawon shekaru don kada ya dawo. Saboda haka idan aka kawo miki yaro da zazzaɓi, uwar ta ce jiya gwiwa ce yau idon sawu, ta ce sanyin ƙashi ne, ki tambaye ta ko ya yi ciwon maƙogwaro a watan da ya wuce, ko an kai shi wurin wanzami cire belu, sannan ki tabbata likita ya saurari zuciyarsa kafin su bar asibitin.